Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga limamai, malaman khalwa da dattawan Hausawan gabashin Sudan a kan yaranmu masu larurar tawahhud

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Iyayena limamai da malaman khalwa, wato makarantun allo, da masu riƙe da sarautar omda, da shehunan unguwanninmu na Gadarif da Kassala da Sinnar da garuruwan bakin Shuɗin Nilu, Allah ya gafarta malamai, Allah ya ƙara wa dattawa girma da lafiya. Bayan gaisuwa irin wadda ta dace 'ya ta yi wa iyayenta, ina neman izininku in yi magana a kan wani al'amari da ya daɗe yana cin gidajenmu a ɓoye, wanda mata ke tattaunawa da murya ƙasa-ƙasa a bayan ɗaki, amma ban taɓa jin an ambace shi a kan mumbari ko a zauren omda ba.

Ni malamar firamare ce, haifaffiyar Wad Madani, kuma ina cikin waɗanda yaƙi ya koro zuwa Gadarif a watan Disamba na 2023. Allah ya ba ni 'ya'ya huɗu, kuma autansu, wanda yake shekara tara yanzu, yana da larurar da likitocin ƙasar nan ke kira tawahhud. A gidajen rediyon Hausa za ku ji ana ce mata galahanga, sai dai wannan kalma tana da ɗaci a kunnen uwa, domin a bakin mutane ta fi kama da zagi, saboda haka zan riƙe sunan da likita ya faɗa mini. Na zaɓi in rubuto muku ne, maimakon ma'aikatar lafiya, saboda dalili guda: idan uwa Bahaushiya ta ga ɗanta ya bambanta da sauran yara, ƙofarku take fara ƙwanƙwasawa, kuma abin da ta ji daga bakinku a wannan rana shi ne yake yanke yadda shekarun yaron masu zuwa za su kasance.

Ɗana ya yi zama da rarrafe da tafiya a kan lokaci. Yana shekara ɗaya da 'yan watanni yana cewa "mama" da "ruwa", yana ɗaga hannu idan babansa zai fita. Kafin ya cika shekara biyu waɗannan kalmomi suka ɓace kamar an share allo. Sai in kira sunansa har sau biyar ina tsaye a kansa bai waiwayo ba, amma idan aka buɗe ledar biskit a ɗaya ɗakin sai ga shi ya iso. Ya daina kallon idona. Yakan tara murafen kwalabe ya jera su a gefen angarib, gadonmu na igiya, ɗaya bayan ɗaya, kuma idan yayarsa ta ture guda ɗaya sai ya yi ta ihu yana buga kansa da ƙasa har maƙwabta su leƙo. Fankar silin kuwa yana iya kallonta tun daga azahar har la'asar yana kaɗa hannuwansa. Kakarsa ta ce kurma ne. Wata gwaggonsa ta ce kambun baka ne, tun da an yi ta yaba kyansa ranar suna. Wasu suka ce ɗan ruwa ne, an musanya mini shi saboda na yi wanka da almuru lokacin da nake ɗauke da cikinsa.

Shekara uku muka yi muna yawo da shi. Mun sha rubutu, mun yi hayaƙi, mun ɗaura laya, kuma ina shaida a gaban Allah cewa da yawa daga cikin malaman da muka je wurinsu sun karɓe mu da tausayi, sun yi masa addu'a, ba su karɓi ko sisinmu ba. Amma akwai guda ɗaya da ba zan ambaci sunansa ko garinsa ba, wanda ya ce aljani ne ya riƙe harshen yaron, kuma sai an dake shi zai fita. Ya ɗauko tsumagiya, ya tabbatar mana cewa dukan a jikin aljanin yake sauka. Ni ce na riƙe ƙafafun ɗana, babansa ya riƙe hannuwansa. Da daddare da na cire masa riga zan yi masa wanka, na ga shatin bulala kwance a gadon bayansa, layi-layi, wasu sun fashe, shi kuwa ba shi da bakin da zai ce mini ga inda yake masa ciwo. Daga ranar ya yi watanni idan ya hango mutum da rawani sai ya shige ƙarƙashin gado. Sai da ya kai shekara biyar muka kai shi Khartum, aka gwada jinsa aka ga kunnensa lafiya lau, wata likitar yara ta zauna da shi ta yi mana tambayoyi, sannan ta faɗa mana sunan abin. Ta ce da an kawo shi yana shekara biyu da an fara koya masa abubuwa tun ƙwaƙwalwarsa tana ɗanya. Wannan magana ba ta bar raina ba har yau, kuma ita ce ta sa na ɗauki alƙalami.

Iyayena, wannan larura ba baƙuwa ba ce, kuma ba gida ɗaya ta shafa ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta taɓa ƙiyasta cewa kusan yaro ɗaya cikin ɗari yana da ita, tare da bayyana cewa a ƙasashe da yawa masu ƙaramin ƙarfi ba a ma yi ƙidayar ba. A Amurka, inda hukumar yaƙi da cututtuka ke bin yara 'yan shekara takwas tana ƙirgawa, an samu ɗaya cikin 150 a shekarar 2000, sannan ɗaya cikin 31 a 2022. Masana sun danganta mafi yawan wannan hauhawa da faɗaɗa ma'anar larurar da kuma yadda likitoci da malaman makaranta suka ƙware wajen gane ta, wato yaran da a da ake kira wawaye ko bebaye ko masu taurin kai yanzu an san abin da ke damunsu. Ko da mun riƙe ƙiyasin ɗaya cikin ɗari kawai, duk unguwar da ke da yara dubu tana da kimanin goma. Ina roƙon kowane liman ya tambayi kansa ko ya san waɗannan goman na unguwarsa, domin idan bai san su ba, to suna nan a ƙuryar ɗaki an rufe su saboda kunyar idon jama'a. An fi samun larurar a maza, kusan ninki uku zuwa huɗu, amma a matsayina na malamar aji ina jin tsoron 'yan mata da yawa suna wuce mu ba mu lura ba, saboda yarinyar da ba ta magana, ba ta shiga cikin ƙawaye, ba ta ɗaga ido, mu yabonta muke yi mu ce tana da kunya.

Tawahhud bambanci ne a yadda ƙwaƙwalwa ke ginuwa, wanda ke farawa tun yaro yana ciki, ya kuma shafi yadda yake mu'amala da mutane, da yadda yake magana, da yadda yake jin sauti da haske da taɓawa. Yaran ba iri ɗaya ba ne. Akwai wanda zai yi karatu har jami'a, sai dai ya sha wahalar zama da mutane da gane abin da ake nufi idan ba a faɗa masa ƙarara ba, akwai kuma wanda zai girma bai furta kalmomi da yawa ba, yana buƙatar mai kula da shi har ƙarshen rayuwarsa. Wasu suna haɗawa da farfaɗiya, da yawa suna fama da rashin barci da tsananin zaɓen abinci. Wani likita mai suna Leo Kanner ya bayyana larurar a rubuce a birnin Baltimo na Amurka a 1943, bayan ya lura da yara goma sha ɗaya, kuma idan aka karanta siffofin da ya zana sai ka ce autana yake kallo.

Maganar dalili ita ce wadda nake so ku fi saurara, domin a nan ne ake zaluntar mata. Babban abin da binciken masana ya tabbatar shi ne gado. Wani nazari da aka wallafa a 2019, wanda ya duba mutane kimanin miliyan biyu a ƙasashe biyar, ya nuna cewa kusan kashi 80 cikin ɗari na yiwuwar samun larurar daga ƙwayoyin halittar gado yake. Waɗannan ƙwayoyi suna da yawa, suna zuwa ta wajen uba kamar yadda suke zuwa ta wajen uwa, wasu kuma sabon sauyi ne da ke faruwa a jikin yaron kansa ba tare da iyayen suna da shi ba. Saboda haka dangin miji da ke cewa matar ce ta kawo musu mugun iri ba su da hujja ko kaɗan. An kuma gano cewa idan gida yana da yaro ɗaya mai larurar, kusan ɗaya cikin biyar na ƙannensa kan same ta, abin da ya kamata ya sa a sa ido a kan ƙanne tun suna goye, ba tare da an tsorata iyayen ba. Bayan gado akwai abubuwan da ke ƙara yiwuwar: haihuwa bayan shekaru sun ja, ko ta wajen uwa ko ta wajen uba, da haihuwar bakwaini, da jaririn da ya zo da ƙarancin nauyi, da wanda numfashinsa ya tsaya wajen haihuwa, da ciwon sukari lokacin goyon ciki, da kamuwa da ƙyandar Jamus a farkon ciki, da shan maganin farfaɗiya mai suna balfurowet ga mai juna biyu, ko da yake bai kamata mace ta daina shi da kanta ba sai ta ga likita. Kun ga ke nan maigidan da ya bar matarsa ta kwana biyu tana naƙuda a gida saboda yana jin nauyin kai ta asibiti yana da tambayar da zai amsa, kuma dattijon da ya haihu bayan ya haura sittin bai kamata ya ɗora wa amaryarsa laifi ba.

Ɗora wa uwa laifi tsohon kuskure ne da Turawa ma suka yi kafin mu. Shekaru da dama likitocinsu suna koyar da cewa uwa mai sanyin zuciya, wadda ba ta nuna wa ɗanta ƙauna, ita ce ke jawo larurar, har aka raba yara da iyayensu mata a kan wannan zato, kafin bincike ya rushe shi gaba ɗaya. Mu namu salon daban ne, amma ciwon ɗaya ne: ta yi wanka da almuru, ta tsallake kwata, ba ta yi addu'a ba, ta ci amanar wani, ba ta iya tarbiyya ba. Na san wata baiwar Allah da aka sake ta da goyo a bayanta saboda yayan goyon bai yi magana ba har shekara huɗu, kuma uwar mijinta ta rantse cewa a danginsu ba a taɓa haihuwar irinsa ba.

Akwai kuma jita-jitar rigakafi, wadda take yawo a WhatsApp da muryoyin mutanen da ba a san su ba. Asalinta wani likita ne ɗan Ingila, Andrew Wakefield, wanda a 1998 ya wallafa rahoto a kan yara goma sha biyu kacal yana alaƙanta allurar ƙyanda da tawahhud. Daga baya aka gano an yi maguɗi a aikin, mujallar da ta buga rahoton ta janye shi a 2010, aka kuma ƙwace lasisinsa na aikin likita. A ƙasar Denmak an bi yara fiye da dubu 650, aka wallafa sakamakon a 2019, ba a ga wani bambanci tsakanin waɗanda aka yi wa allurar da waɗanda ba a yi wa ba. Abin da ke ruɗa iyaye shi ne alamomin larurar sukan fito fili ne tsakanin shekara ɗaya da biyu, daidai lokacin da ake yin wasu alluran. A wannan hali da muke ciki, da mutane suka cunkushe a makarantu da sansanoni, ƙyanda tana kashe yara da gaske, kuma duk wanda ya hana uwa kai ɗanta rigakafi da sunan kare shi daga tawahhud ya jefa shi cikin haɗarin da yake tabbatacce saboda tsoron abin da ba shi da tushe. Kalma ɗaya daga bakin liman bayan sallar Juma'a ta fi saƙon murya ɗari ƙarfi.

Yaƙin da ya ɓarke ranar 15 ga Afrilu 2023 ya taɓa kowa, amma ina so ku san yadda ya taɓa irin waɗannan yara, domin su rayuwarsu a kan sabo take tsaye: ƙoƙo ɗaya, hanya ɗaya, wurin kwana ɗaya. Ranar da muka bar Madani a bayan babbar mota, ɗana ya toshe kunnuwansa da tafin hannu tun daga bakin gari, kuma duk lokacin da aka ji ƙarar harbi sai ya gantsara wa hannunsa cizo har jini ya fito. A Gadarif aka sauke mu a wata makaranta, iyalai da yawa a aji guda, zannuwa ne kawai suka raba mu. Shi da ba ya cin komai sai busasshiyar kisra da shayi, sai ga shi an miƙo masa adas daga tukunyar takiyya, inda ake dafa abincin sadaka. Kwana biyu bai sa komai a bakinsa ba. Da dare ba ya barci, yana zagaya ajin yana gunji, mutanen da su ma gajiya da baƙin ciki suka cika su suna cewa in kama ɗana ko in fita da shi. Ban ga laifinsu ba, amma na kwana da yawa a farfajiya ina rungume da shi a cikin sanyin Janairu.

Wata safiya na shiga layin ruwa, na bar shi da yayarsa, kafin in dawo babu shi. Yaro ne da ba zai amsa ba idan an kira shi, ba zai faɗi sunansa ba idan an tambaye shi. Mun yi ta gudu muna tambaya har rana ta take, sai wani saurayi mai karo da jaki ya zo da shi a zaune kan tankin ruwa, rigarsa jiƙe har ƙirji. Ya ce a bakin hafir, wato tafkin da ake haƙawa don tara ruwan sama, ya same shi yana shiga cikin ruwan yana dariya. Daga baya na karanta cewa kusan rabin yaran da ke da wannan larura sukan sulale su bar gida, cewa ruwa yana jan da yawansu, kuma nutsewa tana cikin manyan abubuwan da ke kashe su. Mu kuwa mutanen bakin kogi ne da hafir da magudanan gona, kuma da damina kwaruruka suna cika cikin sa'a guda. Tun daga ranar na ɗinka ƙyalle a cikin wuyan kowace jallabiyarsa, na rubuta sunan unguwa da lambar wayar babansa.

Nauyin bai tsaya a kan yaron ba. Na bar aikin koyarwa tsawon lokaci saboda babu wanda zan bar wa shi, kuma na san matan da suka daina sayar da shayi ko dakwa saboda wannan dalili, gidan ya koma dogaro da hannu ɗaya. Yayyen irin wannan yaro mata su ne ke biya a ɓoye, domin su ake cirewa daga makaranta su yi reno, kuma idan lokacin aurensu ya zo sai a riƙa raɗa cewa a gidansu akwai mai taɓin hankali. Uwa takan daina zuwa biki da suna da ta'aziyya, a ce ta yanke zumunci, alhali tsoron abin da za a ce wa ɗanta ne ya zaunar da ita. Akwai kuma abin da ya fi waɗannan muni, wanda dole in faɗa duk da nauyinsa: yaron da ba ya magana ba ya iya kai ƙarar wanda ya ci zarafinsa, kuma miyagun mutane sun san haka. Tun kafin yaƙi cibiyoyin da ke koyar da irin waɗannan yara kaɗan ne, mafi yawansu a Khartum, kuma kuɗinsu ya fi ƙarfin talaka. A watan Oktoba na 2023 asusun UNICEF ya ce yara kimanin miliyan 19 ba sa zuwa makaranta a Sudan, to idan lafiyayyu sun rasa aji, ku auna halin wanda ko a zaman lafiya shugaban makaranta ke mayar da shi gida.

Ba ina roƙonku ku bar addu'a ba ne, Allah ya kiyaye. Ni kaina ina tofa wa ɗana Falaƙi da Nasi kowane dare, kuma ina ganin yadda karatu cikin sanyin murya ke kwantar masa da hankali. Ku kuka koya mana cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya umarci bayin Allah da su nemi magani. Ƙasar nan ma tana da abin koyi a gida. Marigayi Dakta Tijani al-Mahi, likitan ƙwaƙwalwa na farko ɗan Sudan, wanda asibitin Omdurman ke ɗauke da sunansa, bai raina shehunan masid ba, wato zaurukan malamai da ake zuwa karatu da neman waraka. Ya je wurinsu, ya saurare su, ya nemi su yi aiki tare, domin ya gane cewa wurinsu mutane ke fara zuwa. Abin da nake nema shi ne ku riƙe ɗaya bakin wannan igiya. Idan aka kawo muku yaron da ya kai shekara ɗaya ba ya waiwayowa idan an kira sunansa, ko ya kai shekara ɗaya da rabi ba ya nuna abu da yatsa don a gani tare da shi, ko ya kai biyu ba ya haɗa kalma biyu, ko ya taɓa magana ta ɓace, ku yi masa addu'a, sannan ku ce wa uban, ba uwar kaɗai ba, ya kai shi a gwada kunnensa, a kuma nuna shi ga likitan yara a cikin wannan wata. Akwai takardar tambayoyi ashirin da ake yi wa iyayen yara 'yan wata 16 zuwa 30, an fassara ta da Larabci, kuma ma'aikaciyar jinya tana iya cike ta cikin 'yan mintuna. Maigida zai ji maganarku a inda ba zai ji ta matarsa ba.

Duka kuwa, da ɗauri da mari, da hana abinci, da turara hayaƙi a rufaffen ɗaki har yaro ya shiɗe, ina roƙonku da girman Allah ku fito fili ku haramta su, ku kuma tsawata wa duk wanda ke yin su da sunanku. Na ga bayan ɗana da idona, na san a jikin wa bulala take sauka. Haka nan masu sayar da garin magani da ruwan jarka suna cewa kwana arba'in yaro zai yi magana, ku gaya wa jama'a gaskiya: har yau babu ƙwaya ko saiwar da ke cire tawahhud. Likita yana ba da magani ne don farfaɗiya ko rashin barci ko tsananin firgita idan akwai su. Abin da ke canza rayuwar yaron shi ne koyarwa cikin haƙuri, da wuri, kullum, a gida. Da hotuna na koya wa ɗana neman abin da yake so: na yanki hoton kofi da na bayan gida da na kisra na manna a kwali, yana nunawa ina ba shi, kuma da ya samu hanyar faɗin buƙatarsa sai buga kai ya ragu sosai. Yanzu yana da kalmomi, yana sa rigarsa da kansa, yana kuma karanta Ƙulhuwallahu da irin muryar limamin da yake ji ta lasifika.

Wannan ya kawo ni ga malaman khalwa. Wasu daga cikin yaran nan suna da kunne mai riƙe abin da ya ji, kuma maimaitawa, wadda ita ce ginshiƙin karatun allo, ta dace da halittarsu. Ba dukansu ne za su yi hadda ba, kada a ɗora musu abin da ba za su iya ba, amma kowannensu zai amfana da wurin zama a gefen da'ira, nesa kaɗan da hayaniya, na rabin sa'a, tare da babban almajiri guda mai haƙuri da zai zauna kusa da shi, da sharaɗin ba za a taɓa shi da bulala ba kuma zai koma gida ya kwana. A masallaci ma haka. Idan yaro ya yi sauti ko ya kaɗa hannu a sahu, kada a kore shi a kunyata ubansa. Kun fi ni sanin cewa Annabi yakan taƙaita salla idan ya ji kukan yaro saboda tausayin uwarsa, kuma kun fi ni sanin hadisin da Muslim ya ruwaito daga Anas, na matar da ke da wata larura a hankalinta, wadda ta ce tana da buƙata wurinsa, ya ce ta zaɓi hanyar da take so, ya tsaya da ita har ta gama faɗin abin da ke ranta. Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware ranar 2 ga Afrilu ta kowace shekara domin wannan larura tun 2007, bisa shawarar ƙasar Ƙatar, kuma zai yi kyau huɗubar Juma'ar da ta fi kusa da ranar ta taɓo batun, da Hausa da Larabci, a ce wa mutane yaran nan amana ce, iyayensu mata kuma ba su yi laifin komai ba.

Ku kuma iyayenmu omda da shehunan unguwa, a hannunku rajistar mutane take, kuma ku ƙungiyoyin agaji ke nema idan sun shigo gari. Sudan ta amince da yarjejeniyar duniya ta haƙƙin masu buƙata ta musamman a 2009, ta kuma yi dokarta ta ƙasa a 2017, don haka idan kun nemi a sa waɗannan yara cikin lissafi haƙƙinsu kuke nema. Idan ana rubuta masu larura, kada a tsaya ga guragu da makafi waɗanda ido ke gani. Ku nemi a keɓe wa irin waɗannan iyalai kusurwa mai sauƙin hayaniya a wuraren da aka sauke 'yan gudun hijira, a kuma sa su gaba a layin ruwa da na abinci, domin yaron ba ya iya jira. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da wani shiri na horar da iyayen yara 'yan shekara biyu zuwa tara masu jinkirin girma, wanda aka tsara shi yadda ma'aikatan lafiya na unguwa za su iya koyar da shi ba sai ƙwararren likita ba. Ku ambace shi da bakinku idan jami'an lafiya sun zo zaurenku, ku ce kuna so a kawo shi. Sannan ku sanar da matasan unguwa, masu raksha da masu karo da masu agashe a bakin titi, cewa idan suka ga yaro yana tafiya shi kaɗai ba ya amsa magana, su riƙe shi cikin lalama su duba wuyan rigarsa, kuma idan aka yi cigiyar irinsa a fara dubawa ta wajen ruwa.

Mu bakwai ne yanzu, iyaye mata, da muke haɗuwa kowace Alhamis bayan la'asar a ƙarƙashin wata bishiyar nim, muna koya wa juna abin da kowa ta gano, muna yanka hotuna muna mannawa a kwali. Biyu daga cikinmu a ɓoye suke zuwa, domin mazajensu ba su yarda a san halin da 'ya'yansu ke ciki ba. Damina tana tafe, bishiyar ba za ta rufe mu ba. Muna roƙon a ba mu aron ɗaki ɗaya a harabar masallaci ko zauren khalwa na sa'a biyu a mako, mai ƙofar da ake iya rufewa saboda yaran, kuma muna roƙon liman ɗaya ya zo ya zauna da mu sau ɗaya, ya ga yaran da idonsa, sannan ya kira iyayensu maza ya yi musu magana.

Allah ya ba ƙasarmu zaman lafiya, ya mayar da kowa gidansa, ya saka muku da alheri.

Wassalamu alaikum wa rahmatullah.

'Yarku,
uwa kuma malamar firamare,
Gadarif, Sudan.